Yuri Norstein: Daraktan Rasha da ya haura shekara 40 yana haɗa fim ɗaya

A shekarar 1981 wani darakta a birnin Mosko ya fara aikin wani fim na zane mai motsi, irin wanda muka fi sani da katun. An tsara fim ɗin zai yi awa ɗaya da 'yan mintuna. A lokacin daraktan yana da shekara 40, Leonid Brezhnev ne ke mulkin Tarayyar Sobiyet, a nan Najeriya kuma Alhaji Shehu Shagari ne a kan kujera.

Shekara goma bayan haka Tarayyar Sobiyet ta wargaje. Mai ɗaukar hoton fim ɗin ya rasu a 1999. Yaran da aka haifa a shekarar da aka fara aikin yanzu wasunsu sun aurar da 'ya'ya. Shi kansa daraktan ya haura shekara 80. Fim ɗin kuwa har yau ba a gama shi ba.

Sunan mutumin Yuri Norstein. Idan aka haɗa duk fina-finan da ya ba da umarni kuma ya kammala a rayuwarsa, tsawonsu bai kai awa biyu ba. Amma a 2003, da aka tambayi masu zane da masu sharhi 140 daga ƙasashe daban-daban a bikin Laputa na birnin Tokyo su zaɓi fina-finan katun da suka fi kowanne kyau a tarihi, nasa ne ya zo na ɗaya. Na biyun ma nasa ne.

Yawancinmu abin da muka sani na katun ɗin Rasha shi ne Masha and the Bear, wanda yara ke ƙwace wayar iyayensu don su kalla. Kashi ɗaya kacal na wannan shiri an kalle shi fiye da sau biliyan huɗu a YouTube. Da kwamfuta ake yin sa. Norstein ya ƙi taɓa kwamfuta, kuma a Rasha laƙabin da ake yi masa shi ne "Dodon Koɗin Zinare", saboda tafiyar hawainiyarsa da kuma darajar abin da yake fitarwa idan ya ga dama.

Yaron da ya so zama mai zanen fenti

An haife shi ranar 15 ga Satumba, 1941, a wani ƙauye mai suna Andreyevka a yankin Penza. Ba garin iyayensa ba ne. Wata uku kafin nan sojojin Hitler suka afka wa Tarayyar Sobiyet, aka riƙa kwashe mata da yara daga Mosko zuwa can cikin ƙasa, mahaifiyarsa na cikinsu da tsohon ciki. Iyayensa Yahudawa ne masu ƙaramin ƙarfi.

Bayan sun koma Mosko, ya tashi a unguwar Maryina Roshcha, a wani tsohon gida irin na haya, inda iyalai da yawa ke zaune kowa da ɗakinsa ɗaya, ana haɗa madafa da zaure. Unguwa ce ta talakawa, kuma a shekarun bayan yaƙi cike take da matan da mazajensu suka tafi fagen daga ba su dawo ba. Yaƙin ya ci rayukan mutanen Sobiyet kimanin miliyan 27. A riƙe wannan gida a rai, domin zai sake fitowa a labarin nan.

Burinsa shi ne ya zama mai zanen fenti, irin waɗanda ake rataye aikinsu a gidan tarihi. Ya nemi shiga manyan makarantun zane bai samu ba. Ya yi aiki a wata masana'antar kujeru da kayan katako, sannan a 1959 ya shiga kwas na shekara biyu a Soyuzmultfilm, babban kamfanin katun na gwamnati da aka kafa a 1936. A 1961 aka ɗauke shi aiki.

Bai shiga da sha'awa ba, kuma ya daɗe yana neman hanyar fita. Amma ya zauna, ya yi shekaru yana motsa zane da 'yan tsana a fina-finan wasu daraktoci, kusan guda 50. Cikinsu akwai na Cheburashka, wata 'yar dabba mai manyan kunnuwa da kowane yaro a Rasha ya sani. Sashen 'yan tsana na kamfanin a cikin wata tsohuwar coci yake a unguwar Arbat, wadda gwamnatin gurguzu ta ƙwace. A kamfanin ne ya haɗu da Francheska Yarbusova, mai zane, wadda ya aura. Aikin darakta kuwa, mafi yawansa daga littattafan Sergei Eisenstein ya koya, fitaccen daraktan Sobiyet na zamanin fim marar magana.

Fim ɗinsa na farko ya fito a 1968, a kan juyin juya halin 1917, tare da Arkadiy Tyurin suka yi shi. Jami'an tace fina-finai suka sa aka yi masa gyare-gyare, ya yarda, ya kuma yi da-na-sani. Masu bin tarihinsa na ganin taurin kan da aka san shi da shi daga nan ya samo asali. A 1971 ya yi wani tare da tsohon darakta Ivan Ivanov-Vano a kan yaƙin Kerzhenets, inda suka motsa tsofaffin zanen cocin Rasha, fim ɗin ya ci babbar kyauta a bikin Zagreb a 1972.

Gilashi, takarda da hantsaki

Kafin a gane dalilin jinkirinsa sai an san yadda yake aiki, domin a nan maganar take.

Kowane fim jerin hotuna ne marasa motsi da ake haskawa da sauri, guda 24 a daƙiƙa ɗaya, har ido ya ɗauka motsi yake gani. Fim na minti goma hoto 14,400 ke nan. A katun irin na Disney na da, ana raba aikin ga ɗaruruwan ma'aikata: wani ya zana farkon motsi da ƙarshensa, wasu su cike tsakiya, wasu su shafa launi.

Norstein ba ya zana motsi. Matarsa Francheska ce ke zana mutum ko dabba, sai a yanyanka zanen gunduwa-gunduwa: kai daban, hannu daban, yatsu daban, wani lokaci fatar ido ma daban. A shimfiɗa guntayen a kan gilashi. Kyamara tana sama tana kallon ƙasa. Sai ya sa hantsaki ya ɗan gusa guntu ɗaya, gusawar da ido ma da ƙyar zai lura, a ɗauki hoto ɗaya. Ya sake gusawa, a sake ɗauka.

Kuma gilashin ba ɗaya ba ne. Faranti-faranti ne a jere, wani a saman wani, da tazarar kusan santimita 25 zuwa 30 a tsakaninsu, zurfin duka ya kai kimanin mita ɗaya. Ganye yana kan gilashin sama, dabba tana na tsakiya, itatuwa suna can ƙasa, kowane bene da irin hasken fitilarsa. Ana iya matsar da gilashin gefe, ana iya ɗaga shi ko a sauke. Shi ya sa idan kana kallon fim ɗinsa sai ka ji kamar akwai iska a tsakanin abubuwa, kamar za ka iya zura hannu.

Matsalar wannan hanya ita ce ba ta da gyara. Mai zana motsi a takarda yana iya duba aikinsa ya goge layi ɗaya. Wanda ke gusa guntaye a ƙarƙashin kyamara ta fim, da zarar ya matsar da hannun ɗan tsana, inda hannun yake a da ya tafi ke nan. Ba zai ga abin da ya yi ba sai an wanke fim ɗin. Idan bai yi masa ba, daga farko za a sake. Kuma aiki ne da ba ya rabuwa ga mutum ɗari. Mutum uku ne ginshiƙinsa: Francheska ta zana, Aleksandr Zhukovsky ya kula da kyamara da haske, Norstein ya motsa.

Da wannan hanya ya yi Dila da Zomo a 1973, tatsuniyar dilar da ta ƙwace gidan zomo, manyan dabbobi suka kasa fitar da ita sai zakara. Sannan Zalɓe da Gauraka a 1974, wanda a ganina ya fi dacewa da manya fiye da yara. Gauraka ya je neman auren macen zalɓe, ta yi masa wulaƙanci. Bayan ya tafi ta yi nadama ta bi shi, shi kuma ya rama. Ya yi nadama ya koma, ta ƙi. Haka suke ta kai da komo a cikin wani rusasshen lambu, ruwan sama na dukansu, har fim ya ƙare ba a ɗaura aure ba. Duk wanda ya taɓa shiga tsakanin masoya biyu masu girman kai zai gane su.

Minti goma cikin hazo

Fim ɗin da ya zo na ɗaya a Tokyo shi ne Yozhik v tumane, wato Ɗan Bushiya Cikin Hazo, na 1975. Marubuci Sergei Kozlov ne ya rubuta labarin. Tsawonsa minti goma, kuma ana iya ba da labarinsa a numfashi ɗaya.

Kullum da yamma ɗan bushiya yakan je wurin abokinsa ɗan beyar, su sha shayi su ƙirga taurari. Ran nan ya ɗauki ɗan ƙunshinsa na jam ya kama hanya, wata ƙatuwar mujiya na bin sa a baya bai sani ba. Sai ya hango farin doki tsaye a cikin hazo. Ya tambayi kansa: idan dokin nan ya kwanta barci, hazon zai shaƙe shi? Don ya gano amsa sai ya gangara ciki.

Hazon nasu ba irin namu na hunturu ba ne mai ƙura da bushe leɓe. Tururin sanyi ne mai laima da ke kwanciya a kwari da dare, ka miƙa hannu ka kasa ganin yatsunka. A ciki komai ya sauya wa ɗan bushiya kama. Busasshen ganye ya faɗo ya firgita shi. Abin da ya zata wani dodo ne ashe ƙatuwar bishiya ce. Ya yar da ƙunshinsa, wani kare da bai san shi ba ya kawo masa ya wuce. Ya faɗa kogi, ya sallama, ya bar ruwa na tafiya da shi, sai wani abu daga ƙarƙashin ruwa, wanda ba a taɓa nuna fuskarsa ba, ya goya shi ya kai shi gaɓa.

A ƙarshe ga shi zaune kusa da abokinsa. Ɗan beyar na ta surutu, yana faɗin yadda ya yi ta kiransa, ya hura wutar shayi, ya rasa wanda za su ƙirga taurari tare. Ɗan bushiya bai ce uffan ba, idonsa a buɗe, tunaninsa na wurin dokin.

Yadda aka yi hazon abin mamaki ne don sauƙinsa. Wata siririyar takarda ce mai shara-shara ake ɗorawa a kan zanen. Idan tana manne da shi, ana ganin ɗan bushiya sarai. Sai a riƙa ɗaga ta sama zuwa wajen kyamara kaɗan-kaɗan, hoto bayan hoto, har ya dushe ya ɓace cikin fari. Babu wata na'ura a ciki. Takarda ce da haƙuri.

Na kalli fim ɗin a waya, a ƙaramin allo, kuma duk da haka wurin da ya faɗa kogin nan sai da ya sa na ajiye abin da nake yi. Yaro zai kalle shi a matsayin labarin ɓata a daji. Babba da ya taɓa kwanciya rashin lafiya mai tsanani, ko ya shiga wani hali ya fita ya rasa yadda zai bayyana wa na gida, zai ga wani abu daban a shirun ɗan bushiyar nan.

Fim ɗin ya shiga jinin mutanen yankin. A 2009 an kafa gunkin ɗan bushiyar a birnin Kyiv na Yukren. A bikin buɗe gasar Olamfik ta hunturu a Sochi a 2014, da aka jero haruffan Rashanci kowanne da abin alfaharin ƙasar da ya fara da shi, harafi ɗaya an ba ɗan bushiya ne. Hayao Miyazaki, babban daraktan katun na Japan, yana lissafa shi cikin fina-finan da ya fi so.

Gidan da aka rushe

Na biyun a jerin Tokyo shi ne Skazka skazok, Tatsuniyar Tatsuniyoyi, na 1979, mai minti 29, wanda ya rubuta tare da marubuciya Lyudmila Petrushevskaya. Wannan ba shi da labari mai kai da gindi. An gina shi ne yadda tunanin mutum ke dawo masa: wannan ya zo, wancan ya katse shi, na farkon ya sake dawowa.

Tsohon gidan Maryina Roshcha ne zuciyarsa. A Rasha akwai wata tsohuwar waƙar reno da uwa ke tsorata jariri da cewa kerkeci zai zo ya ɗauke shi, kamar yadda ake tsorata namu da dodo. Norstein ya ɗauko wannan kerkeci ya mai da shi ɗan ƙarami, marar cutarwa, shi kaɗai ya rage a gidan bayan an rufe tagogi da katako kowa ya watse. Yana gasa dankali a garwashi yana ƙona hannu. Idanunsa, waɗanda duk mai kallo ba ya mantawa, daga hoton wata 'yar kyanwa aka kwaikwayo su, wadda aka tsamo daga ruwa bayan an yi niyyar nutsar da ita.

Akwai wani wuri a fim ɗin da ya fi kowane littafin tarihi bayyana mini abin da yaƙin ya yi wa ƙasar. Maza da mata suna rawa bibbiyu a ƙarƙashin fitilar titi, garmaho na juya wani kiɗan tango da aka yi yayinsa kafin yaƙi. Sai faifan ya yi tsalle, namiji ɗaya ya ɓace daga hannun abokiyar rawarsa. Ya sake tsalle, wani ya ɓace. Har matan suka rage su kaɗai, hannuwansu a buɗe. Sai ga mazan a kakin soja suna tafiya cikin duhu, sai takardun sanarwar mutuwa suna yawo a iska. Da aka dawo rawar bayan yaƙi, kaɗan ne suka dawo, wani ma da ƙafa ɗaya.

Hukumar fina-finai ta ƙasar, Goskino, ba ta ji daɗinsa ba. Ba ta gane inda ya dosa ba, kuma a tsarin Sobiyet abin da jami'i bai gane ba abin zargi ne. Sunan da Norstein ya ba shi da farko daga waƙar renon ya ɗauko, aka hana, sai ya aro sunan wata waƙa ta Nazim Hikmet, mawaƙin Turkiyya. A wannan shekarar ta 1979 aka ba shi lambar yabo ta ƙasa, shi da Francheska da Zhukovsky, saboda fina-finansu na baya, abin da ya sa danne sabon ya yi wa hukuma wuya. Fim ɗin ya fita, ya ci babbar kyauta a Zagreb a 1980. A 1984 a Los Angeles wani taron alƙalai na duniya ya zaɓe shi a matsayin katun mafi kyau da aka taɓa yi, aka sake yi masa wannan shaida a Zagreb a 2002.

Yana da shekara 38 a lokacin da ya gama shi. Fina-finai huɗu a shekara shida, kowanne ya fi na baya. Shi ne cikakken fim na ƙarshe da ya kammala.

Rigar sanyi

Abin da ya ɗauko a 1981 gajeren labari ne na Nikolai Gogol mai suna Shinel, wato babbar rigar sanyi, wanda aka buga a 1842. Duk ɗan makaranta a Rasha ya san shi.

Akaky Akakievich ƙaramin akawu ne a wani ofishin gwamnati a St. Petersburg. Aikinsa kwafe takardu da hannu, albashinsa rubul 400 a shekara. Ba shi da mata, ba shi da aboki, abokan aiki na yi masa ba'a, shi kuwa ba abin da yake so a duniya kamar rubuta haruffa. Rigarsa ta sanyi ta mutu har tela ya ce ba ta ɗaukar faci, sai dai sabuwa, kuma sabuwar za ta ci rubul 80. A garin da sanyi ke kisa, wannan ba maganar ado ba ce. Ya daina shan shayin dare, ya daina kunna kyandir, yana taka ƙasa a hankali don kada takalmi ya cinye. Bayan watanni ya samu rigar. A daren ranar da ya fara sa ta, 'yan fashi suka tare shi a wani fili suka tuɓe masa ita. Ya kai kuka wurin wani babban jami'i, jami'in ya daka masa tsawa don ya burge baƙonsa. Akaky ya fita cikin dusar ƙanƙara ba riga, zazzaɓi ya kama shi, ya mutu. Ofishin bai san ya mutu ba sai bayan kwanaki, washegari kuma aka sa wani a kujerarsa.

Duk wanda ya taɓa bin fayil ɗin fansho daga tebur zuwa tebur ba ya bukatar a yi masa sharhin wannan labari.

Norstein ya yanke shawarar yin fim ɗin da baƙi da fari. Ya kuma ɗora wa kansa abin da ba a taɓa yi da yankakkiyar takarda ba: fuskar mutum mai rai. Fuskar Akaky ba zane ɗaya ba ce. Guntaye ne masu yawa a kan leda mai shara-shara, goshi, kumatu, hanci, leɓe, haɓa, fatar ido, an jera wani kan wani, kowanne ana gusa shi daban. Don Akaky ya ɗan yamutsa fuska na daƙiƙa biyu, sai an taɓa guntayen nan a hoto 48.

Soyuzmultfilm kamfanin gwamnati ne mai jadawali, kowane fim da ranar da za a miƙa shi. A tsakiyar shekarun 1980, da abin da ya kammala bai wuce minti goma ba, aka raba shi da kamfanin saboda jinkiri.

A nan akwai abin lura. Tsarin da ya tace masa fim, ya sauya masa suna, ya kuma kore shi, shi ne dai tsarin da ya ba shi albashi, ɗakin aiki, kyamara da fim na shekara 20 ba tare da an tambaye shi ko nawa fim ɗinsa zai kawo a kasuwa ba. Babu ɗan kasuwar da zai zuba kuɗi a minti goma na ɗan bushiya da ya ɓata a hazo. Da Tarayyar Sobiyet ta faɗi a 1991, tacewa ta tafi, kuɗin ma ya tafi. Soyuzmultfilm ya durƙushe, aka mayar wa masu ibada cocinsu ta Arbat, ƙwararrun masu zane suka watse neman abinci.

Shi ma ya nema. Ya koyar da ɗalibai, cikinsu har da Aleksandr Petrov wanda ya ci kyautar Oscar a 2000. A 1993 shi da Fyodor Khitruk da Andrei Khrzhanovsky da Eduard Nazarov suka kafa makarantar katun mai suna SHAR. Ya yi tallar sukari a talabijin. Ya yi mabuɗin wani tsohon shirin yara na dare, aikin da bai kai minti uku ba amma ya ci masa fiye da shekara, kuma bai daɗe a allo ba aka cire shi. A 2003 ya ba da gudummawar kusan minti biyu ga wani fim na haɗin gwiwa da Kihachiro Kawamoto ya jagoranta a Japan, a kan waƙoƙin Basho. A 2004 gwamnatin Japan ta ba shi lambar girma. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan ya ja shi daga teburin Akaky na watanni ko shekaru.

Mutuwar Zhukovsky a 1999 ita ce babbar asara. Shi ne ya san yadda ake sa haske ya ratsa benayen gilashin nan, tare suka ƙera na'urar. Zuwa 2004, abin da aka kammala na Shinel kusan minti 25 ne daga cikin 65 da aka tsara. Idan aka raba, kusan minti ɗaya ke nan a shekara.

Me ya hana shi karɓar kuɗi ya ɗauki ma'aikata ya gama? Amsar tana cikin labarin mutumin da ya riƙe kambun jinkiri kafin shi. Richard Williams ya fara fim ɗinsa The Thief and the Cobbler a 1964. Da ya samu masu zuba jari daga baya, ya kasa cika wa'adi, a 1992 aka ƙwace fim ɗin daga hannunsa, wasu suka gama shi a gurguje, aka cusa waƙoƙi aka yanke abin da aka ga dama. Norstein bai ba kowa wannan damar ba. Ɗakin aikinsa a Mosko da kuɗin littattafai yake tafiya: na yara masu zanen Francheska, da babban littafinsa mai juzu'i biyu a kan sana'ar, da hotunan da yake sa wa hannu yana sayarwa da kansa. Bai bar ƙasar ba, bai kuma yi shiru ba. Ya soki ɗaure mawaƙan Pussy Riot, kuma a 2022 yana cikin masu sana'ar katun na Rasha da suka sa hannu a wasiƙar adawa da yaƙin Yukren.

Masoyansa sukan ba da labarin jinkirin nan kamar karama. Ni ban cika yarda ba. Mutumin da ya yi fina-finai huɗu irin waɗancan a shekara shida ba mai nawa ba ne a asali, kuma a wancan lokacin akwai wa'adi a kansa, akwai shugaban da ke ƙwanƙwasa ƙofa. Tun da ya zama ba mai ce masa ya isa haka, bai sake cewa ya isa ba. Shekara 40 na ƙarfinsa sun tafi a fim ɗaya, kuma fina-finai biyar ko goma da zai iya yi a cikinsu babu wanda zai taɓa ganinsu. Francheska, wadda hannunta ne ke zana kowane guntu, ita ma ta haura 80.

Sai dai duk wannan ƙorafi yakan yi sanyi idan mutum ya ga abin da aka riga aka ɗauka. An nuna sassansa a gidajen tarihi da nune-nune a Rasha da ƙasashen waje, wasu guntaye kuma suna yawo a intanet, dishi-dishi. A ɗaya daga cikinsu Akaky ya dawo ɗakinsa da dare daga cikin sanyi. Ya kakkaɓe jikinsa, ya duƙunƙune, ya jawo takarda da tawada. Ya duba bakin alƙalaminsa na gashin tsuntsu, ya gyara zama. Sannan ya fara rubutu, leɓensa na motsi tare da hannunsa, fuskar nan ta guntayen leda tana saki a hankali kamar ta mai cin abinci bayan doguwar yunwa.